Ciwon Daji da Haƙƙin Matalauci a kan Mawadaci

Ran Juma'a, idan kasuwar Wudil ta cika, ba duk mai jan sa ne ya zo neman riba ba. Akwai wanda san nomansa ya kawo, domin matarsa na kwance da ciwon daji a mama, an kuwa tura su Asibitin Koyarwa na Malam Aminu Kano. In aikin ya kai ga gashi da na'ura, wataƙila sai Shika ta Zariya ko Abuja, a yi makonni ana biyan masauki da abinci ban da kuɗin magani. Ma'aikacin birni mai inshora da attajirin da ke iya zuwa Masar ko Indiya ba su san wannan awo ba. Mace a ƙauye ta fi kowa shan wuya, don sau da yawa ba a kai ta sai ciwo ya ci ƙarfinta, sa'an nan magani ya fi tsada, amfaninsa kuma ya ragu.

To, in sa ya ƙare, gona ta bi baya, mutumin nan ya mai da ita gida ya ce ya bar wa Allah, laifin wa ne? Ba nasa ba ne, domin Allah ba ya kallafa wa rai abin da ya fi ƙarfinsa. Amma wanda ke da hali ba ya da ikon fakewa da ƙaddara a kan ciwon wani, alhali in nasa ne ba zai zauna ba. Imamu Gazali ya lissafa ilmin likitanci cikin farillan kifaya, watau in aka rasa mai tsayawa da shi, jama'a duka ke ɗaukar zunubi. Likitan da talaka ba ya iya kai wa gare shi kuwa, da wuya a ce ya sauke wa gari wannan farilla.

Magabata sun gane haka. A 1284 Sarki Ƙalawun ya gina asibitin Mansuri a Alƙahira, ya tsayar masa da wakafi, ana duba kowa kyauta. Aya ta 60 ta Suratut Tauba ta sa mabarata da waɗanda bashi ya danne cikin masu cin zakka, kuma Jihar Kano tana da Hukumar Zakka da Hubusi tun 2003. Mai shanu 30 akwai ɗan maraƙi a kansa kowace shekara, garake irin wannan kuwa ba su yi kaɗan ba a ƙasar Wudil.