Wanda ya ci rani bai dawo ba, ya ci amana?

Ƴan uwa ɗalibai, tun hutun da ya wuce tambayar nan take hana ni barci. Na je gida Gafati, damina ta sauka, na tarad da baba shi kaɗai a gona. Yayana shekara huɗu ke nan yana sayar da shayi a Kano, bai zo noma ba. Da na ambace shi, baba ya ce: "Ƙyale wannan, ya ci rani ya haɗa da damina." Ni ko na yi shiru, don kuɗin rajistata a jami'a daga butar shayin nan suka fito.

Da yake harshe nake karantawa, sai na tsaya a kan kalmar. "Cin rani" akwai alkawari a cikinta, domin rani yana da iyaka. An kai hatsi rumbu, saurayi ya tafi don a rage baki ɗaya a gida, ruwan farko na zuba ya dawo. Ita kuwa "ekzod" da muka aro daga Faransanci, fita kawai take nufi, ba ta ce komai a kan dawowa ba. A kan alkawarin waccan tsohuwar kalma baba yake yi wa ɗansa hukunci.

To amma alkawarin nan, da wa aka yi shi? In da gona ne, ai gonar ma ta canza. Filin da kakanmu ya noma shi kaɗai, yau gado ya raba shi gida biyar, hatsinsa ba ya kai mu wata shida. Yunwa ba ta san rani da damina ba. A watan Oktoba na 2013 an tsinci gawawwakin mutum 92 a hamada, kusa da iyakar Aljeriya, akasarinsu mata da yara, da yawansu daga yankin Kance, nan cikin jiharmu. Wa zai ce son yawo ne ya fitar da su?

Ba mu kaɗai ba ne. A ƙasar Sin, wadda kamfaninta ya gina matatar SORAZ da aka buɗe a 2011, mutanen karkara kusan miliyan 300 ne suke aiki ba a gona ba. Sunan da ake kiransu da shi, nongmingong, ma'anarsa "manomi ma'aikaci". Ko mutum ya shekara ashirin a masana'anta, sunan manomi na nan manne da shi. Tsarin rajistar iyali da ake kira hukou, wanda aka kafa a 1958, ya ɗaure haƙƙin makaranta da asibiti da garin da aka yi wa mutum rajista, shi ya sa yara miliyoyi suka tashi a hannun kakanni a ƙauye.

Mu ba mu da hukou, amma muna da kalmar "baƙauye". Ɗan ga-ruwan da ke kawo mana ruwa a Damagaram, da ɗan dakon Kasuwar Dole, muna cin guminsu, mu koma muna yi musu dariya. Wallahi har mu ɗalibai muna yi, alhali mafi yawanmu daga ƙauyen muka fito. Ke nan in ana maganar cin amana, birni ma a tuhume shi.

Duk da haka ban wanke yayana tas ba. Kuɗi yana zuwa, gaskiya ne, amma kuɗi ba ya riƙe wa tsoho hauya, ba ya zama da mara lafiya. Matarsa tana gidanmu da yara biyu, ƙaramin bai san fuskar ubansa ba. Hausawa sun ce zumunta a ƙafa take, ba su ce a waya ba.

Ga inda na tsaya. Amanar ta mutanen da aka bari ce. Wanda ya bar gona don ya ciyar da su bai ci ta ba. Wanda ya mayar da su lambar da ake tura wa kuɗi kawai, ya fara cin ta, ko da bai sani ba.

Abin da ya fi damuna shi ne ni kaina. In na gama karatu, Yamai nake hange, ba Gafati ba. Ran da zan koma makaranta, baba ya raka ni bakin hanya ya ce: "Kai kuma yaushe naka ranin zai ƙare?" Har na hau mota ban ba shi amsa ba.