Muryar Wa Za Ka Kare?

Mai karatu, ka san dai ba Ali Nuhu da Fati Mohammed ne suka rera waƙoƙin fim ɗin Sangaya ba. Baki kawai suke motsawa, muryar ta wasu ce, an ɗauke ta a situdiyo tun kafin a fita lokeshan. Amma ba wanda ya taɓa kiransu maƙaryata, don kowa ya san haka sana'ar ta gada. To ga tambayata gare ka: ɗalibin da ya sayi kundin digiri, ya haddace shi, ya tsaya gaban malamai ranar difens yana motsa baki, me ya raba shi da ɗan fim?

Kada ka yi saurin yanke masa hukunci. Ɗauki yaro ɗan Kusada da ke karatu a Jami'ar Tarayya ta Dutsin-ma, wadda aka kafa a 2011, ko ta Umaru Musa 'Yar'aduwa a Katsina. Mahaifinsa ya sayar da gero, mahaifiyarsa ta kai akuyarta kasuwar Kankiya, duk don ya gama. Idan yajin aikin malaman jami'a na 2022 ya rutsa da shi, wata takwas ya yi a gida yana shan tambayar "yaushe za ku koma?" Yanzu saura kundi kaɗai. Sai wani ya raɗa masa cewa akwai mai shagon kwamfuta da ke haɗa babi biyar cikin mako guda, ko kuma ya ce ChatGPT ta rubuta masa a dare ɗaya. Zai ce maka, "Wa na cuta? Kundin nan fa a kanta zai ƙare, ƙura ta rufe shi."

Maganarsa da ƙamshin gaskiya, ai kunduna da yawa ba mai sake buɗe su. Sai dai a farkon kundi akwai wani shafi da ɗalibi ke sa hannu cewa wannan aikin nasa ne. Ɗan fim bai taɓa sa hannu cewa muryarsa ce ba. Nan suka rabu. Kuma malaman da ke zaune a difens ba takarda suka zo jarrabawa ba, sun riga sun karanta ta. Kai suka zo gani.

Iyayenmu na tsangaya sun daɗe da gane wannan. Gardin da ya ce ya haddace, sai ya yi satu, ya rubuta a allo da ka, sannan ya kai darasu a bi masa baƙi da wasali a gaban jama'a. Wa zai yi maka aron kai a wannan zama?

Inda abin ke da wuya shi ne iyakar taimako. Wani ya buga maka, wata ta gyara maka Turanci, malaminka ya ja jan biro ya sauya maka tsarin babi na uku gaba ɗaya. Duk wannan ni ban ga laifinsa ba, ba a ilimi da hannu ɗaya. Ma'aunina guda ne: a tambaye ka "don me?" Ke da kika rubuta kundi a kan Alhaki Kuykuyo Ne na Balaraba Ramat Yakubu, don me kika zaɓe shi kika bar In Da So Da Ƙauna na Ado Ahmad Gidan Dabino? Kai da ka tattara waƙoƙin daɓe, wace tsohuwa ce ta ƙi rera maka sai da ka koma sau uku? Wanda ya yi aikin, ko jikinsa na rawa, ko Turancin ya tsere masa, zai amsa, don ya taka ƙasar da ƙafarsa. Har yana iya cewa, "Ranka ya daɗe, nan wurin ban bincika ba," a rage masa maki kaɗan, ya fito da mutuncinsa. Wanda ya saya kuwa, wannan kalmar ma ba zai iya faɗa ba, don bai san inda aka bincika da inda aka tsallake ba.

Ya kuma ce bai cuci kowa ba. Wataƙila ya tsallake ɗin, ana tsallakewa. A yi walima, a ɗauki hoto da hula mai tuntu, ya tafi bautar ƙasa ya dawo. Wata rana a ba shi aji a sakandaren garinsu, yara sittin a gabansa, cikinsu har da ƙanwarsa uwa ɗaya uba ɗaya. Ita ce za ta fara ɗaga hannu ta ce, "Malam, don me?"