Birni da Ganuwa: Me Ke Tsare Gari?

  

Ya ku 'yan'uwa, akwai kalmomin da muke furtawa kullum har sun lashe a bakinmu kamar tsohon kwabo, ba mu ƙara duba abin da aka rubuta a jikinsu. Daga cikinsu akwai kalmar birni. Duk wanda ya ce Birnin Ƙonni, ko ya sani ko bai sani ba, ya ambaci katanga, domin a asalin Hausa ba yawan jama'a ko girman kasuwa ke sa a kira gari birni ba, sai an kewaye shi da ginin tsaro. Ita katangar ma kanta birni ake ce mata. To, yau ga sunan nan tare da mu, amma ginin ya kwanta. Wannan ne ya sa muka ga ya dace mu tsaya mu tambayi kanmu: mene ne ainihin abin da ke tsare gari, kuma wa aka ɗora wa nauyin gina shi?

Kalmomin da kakanni suka bar mana

Bahaushe bai tsaya ga kalma ɗaya ba a wannan babi. Ganuwa ita ce tudun ƙasar da aka tayar aka kewaye gari da shi. Badala ita ce matakar da ke jikinta ta ciki, inda mayaƙa ke tsayawa su hangi abin da ke tafe. Garu shi ne bango mai kauri, na gari ko na gidan babban mutum. Kafi shi ne shingen itatuwa da ake kakkafawa a kewaye ƙaramin gari wanda bai da ƙarfin tayar da ganuwa. Sansani kuwa mazaunin rundunar yaƙi ne, wanda ake kafawa yau a tashe shi gobe. Yawan waɗannan sunaye shaida ne cewa mutanen da suka raɗa su sun zauna cikin tsoro, kuma sun yi wa tsoron nan tanadi da hannuwansu.

Sa'an nan kalmomin suka fita daga fagen fama suka shiga zancen yau da kullum. Idan muka ce rigakafi ya fi magani, kafin nan ne muke ambata, wato a riga maƙiyi kafa shinge. Har allurar da ake yi wa yaranmu a asibiti ta gaji wannan suna. Idan muka ce wane ganuwar danginsa ne, muna nufin a bayansa suke fakewa idan wuya ta zo. Amma akwai inda ma'ana ta karkace. An wayi gari ana kiran layar da ake binnewa a ƙofar gari ko a kusurwar gida da sunan kafi, aka mayar da dogaro daga aiki da addu'a zuwa ga abin da ba ya ji ba ya gani. Haka nan ɗan birni, wanda a dā yake nufin mutumin da ya ɗauki ƙasa a kansa ya gina katangar da ta tsare kowa, yau idan aka ce da mutum ɗan birni, sau da yawa ana nufin mai wayon da ya kamata a yi hattara da shi. Wannan juyin ma'ana kaɗai ya ishe mu abin tunani.

A harshen Larabci ma haka abin yake. Hisnu shi ne ginin da ba a iya kutsawa cikinsa, jam'insa husunu. Daga wannan tushe ne aka samo muhsana, mace kamilalla mai tsare mutuncinta, da muhsan, namijin da aure ya zame masa kariya. Littafin addu'o'in nan na Shaihu Sa'id bin Aliyu Alƙahɗani da ke aljihun da yawanmu, Hisnul Muslim, da wannan kalma aka sa masa suna. Akwai kuma ribaɗi, daga tushen da ke nufin ɗaurewa, domin masu gadin iyaka sukan ɗaure dawakansu a shirye. Sunan Rabat, babban birnin Maroko, daga nan ya fito, haka ma kalmar marabu da Faransawa ke kiran malamanmu da ita, asalinta murabiɗ ne, wato mazaunin ribaɗi.

Gina katanga ba rashin tawakkali ba ne

Kada wani ya zaci cewa yin tanadin tsaro raunin imani ne. A shekara ta 5 bayan Hijira, lokacin da rundunonin taron dangi suka nufo Madina, Salmanul Farisi (RA) ya ba da shawarar a haƙa rami a gefen da gari yake a buɗe, Manzon Allah (SAW) ya karɓa, ya kuma yi haƙa da ɗaukar ƙasa tare da sahabbansa cikin sanyi da yunwa. Abin da Alƙur'ani ya zarga, a cikin Suratul Hashri, shi ne zaton da Banu Nadir suka yi cewa gine-ginensu za su kare su daga hukuncin Allah bayan sun warware alkawari. Suratun Nisa'i kuma ta tunatar da mu cewa mutuwa tana riskar mutum ko da yana cikin hasumiya mai ƙarfi. Saboda haka an umurce mu da yin gini, an kuma hana mu bauta masa.

Magabatanmu na kusa sun fahimci wannan. A Maratta, kusa da Galmi, cikin yankin Malbaza na yanzu, aka haifi Shehu Usmanu ɗan Fodiyo a 1754. Bayan hijirarsa zuwa Gudu a 1804 da faɗuwar Alƙalawa a 1808, ɗansa Sarkin Musulmi Muhammadu Bello ya mayar da hankali ga kafa garuruwan ribaɗi a kan iyakoki, shi kansa ya zauna a Wurno, a can ya rasu a 1837, a can kuma aka binne shi. Abin lura shi ne ribaɗin Bello bai tsaya ga katanga da mayaƙa ba. An zaunar da manoma da makiyaya da masu sana'a, aka gina masallaci, aka buɗe makaranta, aka kafa kasuwa. A ganinsa, iyakar da babu mai noma da mai karatu a bayanta ba ta tsaruwa. Wannan ya dace da hadisin da Imamu Muslim ya ruwaito, inda aka kira cika alwala a lokacin wahala, da yawan taku zuwa masallaci, da jiran salla bayan salla, da sunan ribaɗi.

Darasin 1899

Garinmu na Ƙonni yana da nasa labarin mai ɗaci. A watan Mayu na 1899, rundunar Faransa ƙarƙashin hafsoshi biyu, Voulet da Chanoine, wadda ta riga ta gwabza da Sarauniyar Lugu a watan Afrilu, ta auka wa Birnin Ƙonni da bindigogin zamani. Katangar ƙasa wadda aka gina domin tare mai doki da mai kibiya ba ta iya tare harsashi ba. Aka kashe jama'a mai yawa, aka ƙone gari. Ba mu da hurumin cewa zunubin mutanen gari ne ya jawo musu wannan. An zalunce su ne, muna roƙon Allah Ya karɓi waɗanda suka rasu. Abin da muke koya daga gare su shi ne kowace katanga tana da iyakarta. Ganuwar Kano ma, wadda tarihi ya nuna an fara ginin ta tun zamanin Sarki Gijimasu, wajen ƙarni na 12, ba ta hana Turawan Ingila shiga ba a watan Fabrairu na 1903.

Amma mu dubi ƙarshen waɗanda suka rushe Ƙonni. Labarin ta'asarsu ya kai Faransa, aka aiko Kanar Klobb ya karɓe ragamar rundunar. Ranar 14 ga Yuli na 1899, a ƙasar Tasawa, Voulet ya sa aka harbe shi. Kwana biyu zuwa uku bayan haka, sojojinsu na kansu suka juya musu baya, suka kashe Chanoine, suka kashe Voulet. Wata biyu kacal ke tsakanin ƙona Ƙonni da wannan rana. Babu birnin da ya iya tare su daga waje, amma ba su da abin da zai kare su daga mutanen da ke kwana tare da su, domin zaluncin da suka koya musu shi ne ya dawo kansu. Ƙonni kuwa ta sake tashi, ga ta nan har yau da sunanta.

An ruwaito cewa wani gwamna ya rubuta wa Halifa Umar bin Abdul'aziz yana neman dukiyar gyaran katangar birninsa da ta lalace, sai Halifa ya amsa masa da cewa ya kewaye birnin da adalci, ya share hanyoyinsa daga zalunci. Halifa bai raina gini ba. Ya nuna wa gwamnan inda tsagar take ne. Mu ma muna cewa sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga, kuma da ɗan gari akan ci gari.

Katangar kowa da katangar mutum ɗaya

Yanzu mu dawo ga halin da muke ciki. Ganuwar dā aikin gayya ce. Kowace unguwa tana da rabonta, bayan damina a fito a toshe inda ruwa ya ci. A cikinta akan bar fili na noma da rijiyoyi, domin idan an yi wa gari ƙawanya, mutanen ƙauyukan kewaye su shigo da dabbobinsu su sami abin ci da na sha. Attajiri da almajiri katanga ɗaya ke tsare su, kuma idan ta fashe ta gefen matalauta, masu hali ma ba su kwana lafiya.

Yau ba mu daina gina katanga ba, sai dai mun rage faɗinta. Daga Ƙonni zuwa Malbaza har Illela, wanda Allah Ya hore wa sai ya sayi siminti ya tayar da bango mai tsawo a kewayen gidansa shi kaɗai, ya jera fasassun kwalabe ko waya mai ƙaya a bisa, ya sa ƙyauren ƙarfe. Ba mu ce haramun ne ba, mutum yana da haƙƙin tsare iyalinsa da dukiyarsa. Tambayar ita ce: wa aka bari a waje? A dā maƙiyi ne ke bayan ganuwa, yau maƙwabci ne. Bangon da ya hana ɓarawo shigowa shi ne kuma ya hana mu jin kukan marar lafiya a gidan da ke jingine da namu, ko sanin cewa tukunyarsu ba ta hau murhu ba tun jiya. Alhali Manzon Allah (SAW) ya kore cikar imani daga wanda maƙwabcinsa bai aminta daga sharrinsa ba.

Ba ɓoyayyen abu ba ne cewa a 'yan shekarun nan satar shanu da sace mutane don neman kuɗin fansa sun addabi garuruwa a ɓangarorin biyu na iyakarmu da Nijeriya. Kowa kuma ya san cewa ɓarawon daji ba ya sanin wanda ya sayar da albasarsa ya shigo da kuɗi, ko ɗakin da mai gida yake kwana, sai wani na ciki ya faɗa masa. Saniyar sata ba ta zama kuɗi sai an sami mai saye a kasuwa wanda ya ga arha ya ƙi tambaya. Waɗannan su ne tsagogin ganuwarmu, kuma babu buhun simintin da zai toshe su.

Amma a kula, 'yan'uwa: ganuwar kakanninmu tana da ƙofofi, kowace da Sarkin Ƙofa, a buɗe da safe a rufe da almuru. Fatake da malamai da almajirai ta nan suke shiga, a sauke su, a ba su ruwa. Garin da ya toshe ƙofofinsa duka ya zama kurkuku. Saboda haka tsaro ba shi ne zargin kowane baƙo ba, balle a ɗora wa wata ƙabila gaba ɗaya laifin wasu tsiraru daga cikinta. Wanda aka zalunta a gona ko a burtali ko a gaban alƙali, aka hana shi haƙƙinsa saboda ba shi da kowa, mu da kanmu muka tura shi bayan ganuwa, kuma masu ɓarna suna nan suna jiran irinsa.

Rabon kowa a cikin aikin

To, tun da gini ne na gayya, kowa ya san rabonsa. Mai unguwa da liman su san wanda ya sauka a unguwarsu da wanda ya sauke shi. Dillali da mahauci su ƙi dabbar da ba a san asalinta ba, ko da ribarta ta kai nawa. Mai awo ya cika mudu, mai albasa kada ya sa ruɓaɓɓiya a gindin buhu, domin garin da mutanensa ke cutar juna a ciniki ba za su amince wa juna a gadin dare ba. Masu hali su fitar da zakka su kai ta inda Allah Ya ce, su tuna cewa saurayin da ya sami jari ko sana'a ya fita daga hannun masu sayen labari. Masu shari'a da sarakuna su raba manomi da makiyayi da gaskiya tun rigima tana ƙarama. Wanda ya ga abin da bai gamsu da shi ba ya kai wa hukuma, kada ya ɗauki doka a hannunsa. Iyaye kuma mu tambayi 'ya'yanmu inda suka sami abin da ba mu ba su ba.

Mun gaji sunan birni daga mutanen da suka ɗauki ƙasa a kansu domin su tsare wanda ba ɗan'uwansu na jini ba. Idan muna son sunan ya ci gaba da zama gaskiya a kanmu, sai mu ɗauki namu kason.

Allah Ya tsare garuruwanmu da ƙauyukanmu, Ya jiƙan magabatanmu, Ya kuɓutar da waɗanda ke hannun azzalumai, Ya shiryi masu ɓarna ko Ya yi mana maganinsu, Ya sanya mu zama kariya ga maƙwabtanmu. Amin.