Shin Daɗewa Tana Kashe Haƙƙi?

 

'Yan'uwa masu karatu, a wannan mako za mu leƙa ƙasar Ingila ne mu ɗauko labarin wata waƙa, domin a cikinsa akwai tambayar da ta shafi kowane mai ɗaukar ma'aikaci.

A cikin shekarar 1971 wani mawaƙi ɗan birnin London mai suna Cat Stevens ya fitar da babban faifansa, Teaser and the Firecat, a kamfanin Island. A ciki akwai wata waƙa mai sanyi, wadda ake rerawa a hankali, sunanta Morning Has Broken. Da aka ware ta a ƙaramin faifai a 1972 sai ta yi kasuwa ƙwarai, ta kai ta shida a jerin waƙoƙin da suka fi tashe a Amurka, ta tara kuma a Ingila. Kuɗi suka shigo, suna ya bazu.

To, amma waƙar nan ba aikin mutum ɗaya ba ce. Baitocinta na wata marubuciya ce, Eleanor Farjeon, wadda ta tsara su domin coci aka buga a 1931, ta kuwa mutu a 1965 ba ta ga wannan kasuwa ba. Karin muryar tsohon kari ne na mutanen Sikotilan. Sa'an nan waƙar gajeruwa ce, ba ta isa cika faifai ba, sai da wani makaɗin fiyano, Rick Wakeman, ya sa mata kiɗan buɗewa da na tsakiya da na rufewa. Wannan kiɗa shi ne abin da kunne ke fara kamawa. Duk da haka ba a rubuta sunansa a jikin faifan ba. A shekarar 2000 ya faɗa a gidan rediyon BBC cewa fam goma aka yi da shi, ko su ma ba su shiga hannunsa ba.

Shi kuwa Cat Stevens ya musulunta a watan Disamba 1977, ya ɗauki sunan Yusuf Islam, ya bar sana'ar waƙa shekaru masu yawa, ya kafa makarantar Islamiyya a London a 1983. Daga baya ya nemi gafarar Wakeman, ya ce ruɗani ne aka samu daga wajen kamfanin, aka kuma biya kuɗin. Tsakanin aikin da biyan, wajen shekara talatin.

Ga tambayar: lalle ne a kansa ya yi haka? Wani zai ce a'a, yana da hujja uku. Ta farko, kuɗin kaɗan ne, kuma Wakeman ya yi suna da arziki tare da ƙungiyar Yes. Ta biyu, laifin kamfani ne. Ta uku, Musulunci yana shafe abin da ya gabata.

Hujjar farko ita ce mafi rauni. Ba a auna haƙƙi da yawansa, ba a kuma auna shi da wadatar mai shi. Da wadatar mai bin bashi tana sauke bashi, da kowane macuci ya zauna jiran ranar da wanda ya cuta zai yi arziki. Ƙanƙantar kuɗin ma ita ke ƙara wa abin muni, gama wanda ya kasa biyan dubu ana iya cewa rashi ne, amma fam goma a gefen ribar irin wannan faifai sai dai a ce sakaci. Shi ya sa hadisin da Ibnu Majah ya ruwaito ya hori mai aiki da ya gaggauta sallamar ma'aikacinsa.

Hujja ta biyu tana da ɗan ƙarfi, domin hukunci yana hawa kan wanda ya ƙulla yarjejeniya. Amma wanda aka yi wa aikin, sunansa ke kan faifan, shi ya ci moriyar, da zarar labari ya iso masa ba shi da sauran fakewa. Rashin sani uzuri ne kafin sani. Bayan sani, yin shiru tarayya ce da mai laifin.

Hujja ta uku ita ce ke ruɗin mutane da yawa. Gaskiya ne shiga Musulunci yana kankare zunubi, amma ba ya mayar da dukiyar wani taka. Bashi yana nan a matsayinsa har a biya ko mai shi ya yafe. Malamai sun ce tuba daga abin da ya shafi mutane ba ta cika sai an mayar da haƙƙi. A hadisin Muslim an nuna cewa ko shahada ba ta ɗauke bashi. Kuma ba a ce sai mai bin bashin ya kasance Musulmi ba.

Mai yiwuwa wani ya ce ai ladan kiɗa ne, malamai kuwa sun yi saɓani a kan kiɗa. To, ko da mun bi masu hanawa, ba ya kyautuwa mutum ya rungume ribar aiki, sai an zo biyan wanda ya yi shi sa'an nan ya tuna da haramci. Wannan wayo ne, an sa masa rigar tsoron Allah.

Akwai kuma haƙƙin suna, wanda kuɗi ba sa biya. Abin da ya fi cin ran Wakeman, bisa ga faɗarsa, shi ne barin sunansa. Mu kuwa al'umma ce ta isnadi. Malaman hadisi ba sa kawo magana sai sun jera sunan kowane mutum da ta bi ta bakinsa. Bai kamata magadan wannan tarbiyya su sa sunansu a kan littafin da ɗalibi ya wahala a kansa ba, ko su karɓi yabo a kan ginin da ba su ambaci magininsa ba.

Saboda haka kowa ya binciki kansa. Akwai telan da aka ce ya dawo gobe, da leburan da aka rage wa lada, da yaron shagon da ya yi shekaru ba a sallame shi ba. In yana raye a neme shi, in ya rasu a nemi magadansa, tun ana biya da kuɗi, kafin ranar da za a biya da lada.

Allah Ya ba mu ikon sauke haƙƙin bayinsa, amin.