Wa Ya Biya Cikon Kuɗin?

Idan muka taya waya a kasuwa aka sallama mana da araha, sai mu ce mun taki sa'a. Da wuya mu tambayi wanda ya biya cikon. Kaya da yawa farashi biyu gare su: wanda mai saye ya ƙirga, da wanda wasu suka biya da lafiyarsu.

Mutanen Anka da Bukkuyum sun san na biyun. A shekarar 2010, likitocin ƙungiyar MSF suka tarar yara na ta mutuwa a ƙauyuka irin su Dareta, Abare da 'Yargalma. Bincike ya gano gubar dalma ce. Zinari ya yi tsada a duniya, sai magidanta suka riƙa kawo duwatsun ma'adinai gida, ana dakawa a turmi, ana niƙawa a injin hatsi. Ƙurar ta kwanta a tsakar gida, inda yara ke rarrafe suna kai hannu baki. Kimanin yara 400 suka rasu. Bagega kuwa sai 2013 aka fara kwashe gurɓatacciyar ƙasarta.

Zinari bai tsaya a sarƙa da 'yan kunne ba. Akwai ɗan kaɗan a cikin waya da kwamfuta, domin ba ya tsatsa, kuma lantarki na ratsa shi da sauƙi. Da zarar an narka shi, ba mai iya gane ramin da ya fito. Nan muke fakewa mu ce ba ruwanmu.

To, rashin sanin ramin ya wanke mu? Uban da ya daka dutse a gidansa abincin iyali yake nema, bai san da guba ba. Mu da muka ji labarin Bagega ba mu da wannan uzuri. Kowa ya ci ladan kuturu, dole ya yi masa aski.

Askin namu a fili yake. Wayar da ta lalace mu fara kai ta wurin mai gyara. Mu masu rubuta manhaja mu yi ta mara nauyi, yadda tsohuwar waya za ta ɗauka, kada mu tura mutane sayen sabuwa. Kuma tunda gwamnatin tarayya ta ɗage haramcin haƙar ma'adinai a Zamfara a Disamban 2024, mu matsa wa hukumomi su tabbatar ana niƙa dutse a jiƙe, a bayan gari, nesa da yara.