Fariya a Kyautar Walimar Sauka

Fariya ita ce yin alheri don a gani a faɗa, kuma walimar saukar karatu tana cikin wuraren da ta samu gindin zama. A ƙasar Gaya da Ajingi, kamar sauran ƙasar Kano, asalin wannan walima sadaka ce. Idan yaro ya kai ƙarshen izu sittin, sai a yi wa allonsa zayyana, ya biya Fatiha da farkon Baƙara a gaban malamai, a yi addu'a, a raba abinci. Babbar kyautar ranar ta malam ce: riga, ko hatsi, ko rago, gwargwadon ƙarfin uban yaro. Dangi kuwa kowa ya kawo abin da ya sawwaƙa, ya damƙa wa uwar yaro a ɗaka.

Da sauka ta zama ta taro a makarantun Islamiyya, sai ga anko, da kalanda mai hoton ɗalibi, da robobin rabo, da mai lasifika yana shelar wane ya ba da kaza. Haka abin yake a walimar waɗanda suka gama jami'ar Wudil. A kan yara illar ta fi faɗawa. Biyu ne suka yi shekaru a kan tabarma ɗaya, yau ana yi wa ɗaya liƙi har kuɗi na zuba a ƙasa, ɗayan yana riƙe da takardar shaidarsa ya rasa inda zai sa ido, alhali wataƙila ya fi gyaran tilawa. Manomin da ba ya son ɗansa ya tsaya haka yakan sayar da geron da gida zai ci da damina. Malam kuwa, abin takaici, sau da yawa shi ake mantawa.

Ladabin kyautar ba shi da wuya. A kai ta gida, a zaɓi abin da zai amfani ɗalibi a gaba: Ahalari da Ishmawi ga mai shiga karatun littattafai, keken ɗinki, ko kuɗin mota ga mai tafiya bautar ƙasa. Mai karɓa ba ya buɗe ambulan a gaban jama'a, ba ya fifita godiyar wani a kan ta wani, kuma yakan sallami ɗan aike, domin yaba kyauta tukwici.

Shugabannin makarantu su ne suka fi ikon gyara. Ya kamata su hana liƙi da shelar adadin kyauta a filin taro.