Littafin Kwanaki Da Aka Ɓoye A Kogo

Wajen shekara ta 1947 waɗansu makiyaya Larabawa suna kiwo a duwatsun da ke bakin Tekun Gishiri, kusa da wani kufai da ake kira Kumran. Suka leƙa cikin wani kogo, sai ga tuluna, a cikinsu kuwa tsofaffin fatu a naɗe, cike da rubutu. Ɗaya daga ciki littafin Annabi Ishaya ne, wanda aka rubuta tun ba a haifi Ubangijinmu Yesu ba. Daga baya aka sami waɗansu koguna, har goma sha ɗaya.

A cikin abin da aka kwaso akwai wata fata da ta gagari masana shekaru da yawa. Ta marmashe gutsi-gutsi, sama da 60, waɗansu ba su kai farcen yatsa ba. Rubutun ma na asiri ne, ba kowane mai karatu ke gane baƙaƙensa ba. Sai a 2018 aka ba da labari malamai biyu na jami'ar Haifa sun harhaɗa ta sun karanta. Me ka ce suka samu? Lissafin kwanaki ne kawai.

Mutanen nan Yahudawa ne da suka ware kansu cikin jeji. Shekararsu kwana 364 ce, wato mako 52 cif, babu ragi babu ƙari. Saboda haka kowane idi yakan faɗo rana guda cikin mako kowace shekara: idin sabuwar alkama, na sabon ruwan inabi, na sabon mai. Suna ganin firistocin Urushalima, masu bin tsayuwar wata, sun ɓata lokatan Allah. Abin da ya ba ni dariya, mai rubutun ya manta da waɗansu ranaku, sai wani ya biyo baya ya ƙara su a gefe. Har a littafin asiri akwai mantuwa!

To, ga tambayata. Wanda ya iya ƙidayar kwanaki, kwanakin sun zama nasa ke nan?

Ban ce lissafi laifi ne ba. Allah da kansa ya kafa rana da wata domin mu san lokatai. Manomin da bai san lokacin sharar gona ba, ko maigidan da bai auna rumbunsa ya ga ko zai kai shi kaka ba, shi ya jawo wa iyalinsa yunwa. Amma ka duba. Shekarar rana kwana 365 ce da wajen rubu'i. Tasu ta gaza da kwana ɗaya da rubu'i. In ba a gyara ba, cikin shekara 24 an yi gibin wata guda, idin alkama ya zo alkama tana ɗanya. Rana ba ta tambayi fatarsu kafin ta fito ba. Kuma a shekara ta 68 bayan haihuwar Yesu sojojin Roma suka zo suka rushe mazauninsu. Wannan rana ba ta cikin lissafin. Fatun suka kwanta a duhu kusan shekara 1,900, ba mai komowa ya ɗauka.

Mu ma muna da irin namu littafin asiri. Wani in zai aurar da ɗiya ko zai tafi cin rani, sai ya lallaɓa da dare wurin mai duba a zaɓa masa ranar sa'a, ga shi kuwa ran Lahadi yana kan gaba a majami'a. Yana so ya sayi gobe da kaza. A 1984 masu duba suna nan gari-gari, hatsi kuwa ya ƙone a gona. Yesu ya gaya wa almajiransa sanin lokatai na Uba ne, bai ba su ba, ko da yake su ne suka bar kome suka bi shi. In bai ba Bitrus ba, zai ba mai bugun ƙasa?

Amma akwai wani lissafi da ya fi wannan haɗari, don ba ya kama da zunubi. Shi ne na mutumin da ke cewa: zan tuba in na tsufa, zan biya bashin nan in gyaɗa ta yi kuɗi, zan nemi gafara bayan kaka. Yana raba kwanakin da ba a ba shi ba tukuna, kamar mai rabon naman giwar da ke daji. Ka sa a karanta maka Luka sura 12, labarin attajirin da ya shirya gina manyan rumbuna a daren da aka karɓi ransa.

Ni mai rubuta maka wannan, na taɓa yin faɗa da wana a kan iyakar gona, abin da bai wuce taki biyar ba. Na san ni ne da laifi. Ana ta yi mini magana, ina cewa a bari a ɗaure dammuna, zan je gidansa da kaina. Har ranar ma na sa a zuciyata, kasuwar farko bayan girbi. Ya kwanta da zazzaɓi cikin watan Agusta, gero bai ko fid da kai ba. Kwana huɗu ya yi. Ranar kasuwar ta zo daidai yadda na ƙidaya, na tafi gidan, matarsa ce ta shimfiɗa mini tabarma.